Muryar tasa ce, fuskar fa ta wa ce? Sharhi a kan fim ɗin Ryan

Ranar wata Asabar bayan la'asar ɗan ƙanena ya same ni a shago, wayarsa a hannu, ya ce, "Baffa, minti goma sha huɗu kawai nake roƙo." Yaron yana koyon zane da kwamfuta ne a wata makaranta a nan Badun, an kuma ba su aikin ƙarshen shekara, kowa ya yi gajeren katun nasa na kansa. Shi ya riga ya yanke abin da zai yi. Akwai wani dattijo a unguwar nan, ba zan faɗi layinsu ba balle sunansa, wanda a da in ana maganar ɗinkin babbar riga da hannu sai an ambace shi. Yanzu ido ya yi rauni, hannu na rawa, abin da zai ci sai wanda Allah ya kawo. Yaron ya zauna da shi sau uku ya naɗi muryarsa a waya, yana so ya ɗora muryar a kan zane. Abin da ya kawo mini in gani shi ne fim ɗin da ya ba shi wannan tunani. Sunan fim ɗin Ryan.

Kallon farko a shago na yi shi, cikin ƙarar okada da janareton maƙwabta, ko rabi ban fahimta ba. Na sa ya tura mini, na sake kallo da dare har sau biyu. Tun daga ranar abin bai bar ni ba. To tunda yaranmu da yawa yanzu waya ta mai da su masu ɗaukar hoto da haɗa bidiyo, kuma mu ne dai abin ɗaukar, na ga ya dace mu tattauna shi a nan.

Da farko a cire Tom and Jerry daga rai. Mu da muka tashi muna leƙen talabijin ta taga, in an ce katun, kyanwa da ɓera muke gani. Amma akwai wani reshe na wannan sana'a da ba don yara ake yinsa ba, gajerun fina-finai ne na minti biyar, goma, sha biyar, waɗanda mutum ɗaya ko 'yan mutane kaɗan kan shekara biyu ko uku suna yi, ba don kasuwa ba. A nan ne masu zane ke gwada abin da kyamara ba za ta iya ba. Ryan ɗaya ne daga cikinsu, kuma in gargaɗe ku tun yanzu, akwai giya da zafafan kalmomi a ciki, ba na zama da ƙananan yara ba ne.

Ryan Larkin mutum ne na gaske. An haife shi a birnin Montreal na Kanada a 1943. Yana ɗan shekara 15 yayansa ya nutse a ruwa a kan idonsa, shi kuwa bai iya iyo ba, bai iya ceto shi ba. Yana saurayi ya shiga Hukumar Fina-finai ta Ƙasar Kanada, ya faɗa hannun Norman McLaren, wanda shi ne ya kafa sashen zane mai motsi na hukumar, kuma har yau ana lissafa shi cikin iyayen wannan fanni. A 1968 Larkin ya yi wani fim na minti biyar mai suna Walking, wato tafiya. Ba labari a ciki, ba magana. Mutane ne kawai ke tafiya, tsoho da yaro, mace da namiji, mai gadara da mai jan ƙafa, duk ya zana su da hannu. Na nemo shi na kalla, kuma wallahi duk wanda ya taɓa zama bakin titin Mokola yana kallon masu wucewa zai gane abin da mutumin nan ya gani: tafiyar mutum tana faɗin abin da bakinsa bai faɗa ba. Fim ɗin ya shiga jerin 'yan takarar kyautar Oscar. A 1972 ya sake yin wani, Street Musique. Daga nan sai abubuwa suka fara zamewa. Hodar iblis, giya, hannu ya daina zane, ya bar hukumar a ƙarshen shekarun 1970. Ya rabu da hodar daga baya, giyar ce ta ƙi sakinsa. Ƙarshenta mutumin da aka yi wa tafi a Amurka ya koma yana kwana a gidan marasa galihu, da rana yana tsaye a titin Saint-Laurent yana roƙon 'yan canji.

A shekarar 2000 masu shirya bikin fina-finan zane na Ottawa suka nemo shi suka sa shi cikin kwamitin tace fina-finai. A can ya haɗu da Chris Landreth, Ba'amurke mazaunin Kanada, wanda asalinsa injiniya ne kafin ya koma zane da kwamfuta. Landreth ya nemi izininsa, ya naɗi hirarsu ta kusan awa 20, ya tsamo 'yan mintoci, ya gina hoto a kansu. Fim ɗin ya fito a 2004, a farkon 2005 ya ci Oscar ta gajeren fim ɗin zane.

Ga yadda abin yake a ido. Fim ɗin ya buɗe da Landreth ɗin kansa a cikin wani ƙazamin banɗaki yana duban madubi. Fuskarsa kamar ta mutum sosai, har ramukan fata ana gani, sai dai akwai wasu tabo masu launi a kansa, kamar an yaga fatar an cusa fenti. Ya bi su ɗaya bayan ɗaya yana bayani, wannan ya samo shi lokacin kaza, wancan lokacin kaza, duka raunukan zuciya ne. Wato tun a mintin farko an shimfiɗa mana doka: a duniyar nan abin da ya ci mutum a ciki, a fuskarsa ake ganinsa. Shi da kansa ya raɗa wa salon suna da Turanci, ma'anarsa dai a fito da gaskiyar zuci a kan jiki. Sai ya shiga wani ɗakin cin abinci, bangon a karkace, mutanen da ke zaune kowa da irin tasa naƙasar, ya zauna gaban Ryan.

Ryan kuwa kusan ba shi da kai. Ɗan siririn yankin fuska ne ya rage, da tabarau, da ɗan gashi, sauran duk iska ce, kana hango bango ta inda ƙwaƙwalwa ya kamata ta kasance. Hannuwansa kamar an gaigaye. Amma muryar da ke fita daga wannan kango tasa ce ta ainihi, mai taushi, mai barkwanci, muryar mutum mai hankali. A kan teburin akwai filas, ka san abin da ke ciki ba shayi ba ne, kuma filas ɗin yana da 'yan ƙananan hannaye da yake miƙo masa kamar jariri na neman a ɗauke shi. Wannan ɗan abu kaɗai ya fi wa'azin awa guda bayyana yadda kwalba ke kiran mai ita. A nan dole in sara wa Landreth. Abin da ya yi da filas ɗin nan, kyamara ba ta da hanyar yinsa.

Tsakiyar fim ɗin ce ba ta kai sauran ba a ganina. An kawo mutum biyu daga tsohuwar rayuwar Ryan, Felicity Fanjoy wadda suka yi soyayya, da Derek Lamb wanda ya yi aiki da shi a hukumar. Su ba a zana su da nama da fata ba, da layi-layi aka yi su kamar zanen fensir, abin da ya dace, tunda tunawa ce ba mutane ba. Amma abin da suke yi bayani ne irin na shirin talabijin: ya yi fice, ya ji tsoron ba zai sake kai wa can ba, ya faɗi. An naɗe rayuwar mutum ta shekara talatin cikin layi guda miƙaƙƙe. Mutuwar yayansa, alal misali, fim ɗin bai tsaya a kanta ba. Wanda bai san komai game da Larkin ba zai fita da cewa tsoron faɗuwa da ƙwaya ne kaɗai labarin, alhali ba a taɓa yin mutumin da labarinsa bai wuce abu biyu ba.

Sai wurin da kowa ke magana a kai. Landreth ya gyara zama ya fara yi wa Ryan nasiha, yana so ya ga ya bar giya kamar yadda ya bar hoda. Yana cikin magana sai wani zagayayyen ƙwan fitila ya fito ya tsaya masa bisa kai, irin da'irar hasken nan da masu zanen coci ke yi wa waliyyansu, amma wannan ta lantarki ce mai araha. Mai fim yana yi wa kansa dariya ke nan, yana cewa ku dube ni, na zama na Allah. Ryan ya yi shiru na ɗan lokaci. Sannan ya fashe. Ya daki tebur, jajayen tsinkaye suka tsattsago daga ɗan abin da ya rage na fuskarsa, fitilar waliyyin ta lalace ta karkace. Daga nan muka gane abin da ya kawo Landreth wurin tun farko: mahaifiyarsa Barbara, wadda ita ma giya ta cinye. Ashe da uwarsa yake magana, Ryan ne dai ke zaune a kujerar.

Na yarda wannan gaskiya ce mai wuyar faɗa, kuma ita ta ceci fim ɗin. Da Landreth ya tsaya bayan kyamara da fuskarsa lafiya lau yana nuna mana wani ɓataccen bawan Allah, da ban ɓata tawada a kansa ba. Ya sa kansa a ciki, ya nuna nasiharsa ta faɗi ƙasa, ya nuna niyyarsa ba tsarkakakkiya ba ce. Mu nan mun san masu zuwa da kyamara bakin masallaci ko gefen titi inda mabarata ke zama, su ɗauka, su ɗora kiɗan tausayi, su tafi. Ba ka taɓa ganin fuskar mai ɗaukar ba, balle ka san abin da ya kawo shi. Ko a nan kaɗai Landreth ya fi su.

Amma ga abin da ya hana ni barci. A kallo na uku, da aka zo wurin faɗan nan, sai na kife wayar a kan katifa na saurara da kunne kawai. Jama'a, abin da na ji daban ne. Na ji mutum yana maganar kuɗi. Yana cewa, a taƙaice, ya yi aiki an ci moriyarsa, yanzu ba shi da ko sisi, kuma ba wanda zai ce masa ya yi zane alhali ba mai biyansa, ba mai ce masa ya bar ɗan abin da ya rage masa alhali ba a ba shi komai a madadinsa ba. Kana iya cewa uzuri ne irin na mashayi, kuma akwai ƙamshin haka. Amma magana ce mai kai da gindi, irin wadda za ka ji daga bakin tsohon direba ko tsohon tela da ƙarfi ya ƙare. Da na juyo wayar na mayar da wurin baya, sai na ga dodo mai ƙaya a fuska. Kunne ya ce mini ga mai ƙara yana neman hakkinsa, ido ya ce mini ga majinyaci ciwonsa ya motsa. Kuma ido ne ya yi nasara, don kullum shi ke yi.

To wa ya zana ƙayoyin? Ba Ryan ba. Muryar tasa ce, ba a ƙara mata ba, shi ya sa muke yarda da duk abin da muke gani kamar shi ma gaskiya ne. Amma fuskar ra'ayin Landreth ce. Shi ya yanke cewa shi kansa 'yan tabo suka ishe shi, Ryan kuwa sai an cinye masa kashi uku cikin huɗu na kai. Shi ya zaɓi minti nawa cikin awa 20 za mu ji. Salon da ya ce yana fito da gaskiyar zuci, a zahiri yana fito da abin da mai zane ya ɗauka ita ce gaskiyar zucin wani. Hoton kyamara ko ya yi maka sharri kana iya cewa ranar ban yi wanka ba ne. Wannan kuwa cewa yake ga yadda ruhinka yake, ina za ka kai ƙara?

Akwai wani fim na gaske, ba zane ba, mai suna Alter Egos, wanda Laurence Green ya yi a 2004 a kan mutanen biyu. A ciki an nuna lokacin da Landreth ya kai wa Larkin fim ɗin ya kalla. Ana ganin yadda jikinsa ya yi sanyi, ya kuma nuna bai ji daɗin ganin kansa kamar ƙwarangwal ba. Bai ce a janye ba, ya ma yaba aikin a matsayinsa na wanda ya san sana'ar. Amma wanda ke kwana a gidan marasa galihu, aka zo masa da aikin shekaru da kuɗin hukuma a bayansa, ina ƙarfin da zai ce a'a? Mu Hausawa muna da ma'auni a nan, rufin asiri. Ba ƙarya ake nufi da shi ba. Ana nufin akwai gaskiyar da mai ita ne kaɗai ke da ikon buɗewa. Da wannan ma'auni in aka auna Ryan, rabi ya wuce, rabi ya maƙale.

In yi adalci, fim ɗin ya amfani Larkin. Sunansa ya dawo, mutane suka koma neman Walking, ya sake ɗaukar fensir, ya fara wani sabon fim mai suna Spare Change a kan rayuwarsa ta bara. Bai ga ƙarshensa ba. Ciwon dajin huhu ya kashe shi ranar 14 ga Fabrairu 2007 yana da shekara 63, abokan aikinsa suka kammala fim ɗin bayan rasuwarsa. Wanda zai ce ƙarshen ya wanke farkon, yana da abin riƙewa. Ni dai ban cika son hujjar nan ba, don da ita ake kare kowane irin tonon asiri: ai da ba mu nuna shi ba da ba a taimake shi ba.

Yadda fim ɗin ya rufe ya fi komai tsaya mini a rai. Ryan na tsaye a titi yana miƙa hannu, yana ɗan rausaya yana rusunawa masu wucewa kamar ɗan wasa a dandali, a gilashin shagon da ke bayansa kuma inuwarsa cikakken mutum ce, kai da fuska ba abin da ya ɓace. Akwai ɗan zaƙi fiye da kima a wurin, kamar mai fim na ba da haƙuri. Amma rusunawar nan gaskiya ce da muka sani. Bara ma wasa ce da ake koya. Akwai murya, akwai tsayuwa, akwai wurin da ake zaɓa. Wanda ka gani da safe yana lanƙwashe murya a bakin hanya, da dare in ka same shi cikin 'yan'uwansa ana hira, wani mutum ne daban, mai ra'ayi a kan siyasa da farashin masara. Wanne ne shi? Mutumin da ya shekara yana nazarin tafiyar mutane bai rasa sanin cewa tsayuwarsa a titi ma tsayuwa ce da ya tsara ba.

Da na gaya wa yaron damuwata, sai ya ce, "Baffa, to kalli wannan," ya buɗe mini wani na Landreth ɗin, Bingo, na 1998, minti biyar. An ɗauko shi ne daga wani ɗan wasan dandali na wata ƙungiya a Chicago. Wani mutum na zaune a kujera a wani wuri mai kama da filin wasan dabo. Wani ɗan kama mai fenti a fuska ya zo ya gaishe shi da sunan Bingo. Mutumin ya ce shi ba Bingo ba ne. Aka sake, da ƙarfi. Ya sake musu. Wasu halittu suka yi ta zuwa, kowa da sunan nan a baki, ana tsawa, ana tsoratarwa, har mutumin ya gaji ya amsa cewa shi ne Bingo, ya fara rawar da ake so. Yana amsawa aka gama da shi, aka kira na gaba.

Na yi dariya, sannan dariyar ta tsaya mini a wuya. Wane ne a cikinmu ba a kira shi Aboki ba? Ko Mola, ko Gambari? Kana da sunan da aka yanka maka rago, kana da digiri wataƙila, a Sabo aka binne cibiyar kakanka, amma a tasha kai Aboki ne. Ba na cewa duk mai faɗa da mugunta yake faɗa ba, da yawa cikin maƙwabtanmu da wasa da ƙauna suke yi, mu ma kuma muna da namu sunayen da muke kiransu, kar mu yi kamar ba mu sani ba. Abin da Bingo ya tuna mini shi ne ɓangarenmu na wasan. Na san mai tsiren da Yarabancinsa ya fi na mai saye, amma in ana ciniki sai ya karya harshe, don ya lura mai saye ya fi yarda da naman in Malam bai iya Yarabanci ba. Na san yaran da in sun je Arewa hutu ake ce musu Hausarsu ta Kurmi ce, sai su dawo suna ƙaƙale magana don su nuna su ma 'yan asali ne. Can ana wasa, nan ana wasa. Bingo bai kai Ryan zurfi ba, dabara ɗaya ce aka ja ta minti biyar, kuma hayaniyar ta yi yawa. Amma ya fi Ryan tsabtar hannu, don mutumin da ke kujerar ba kowa ba ne, ba wanda zai fita titi gobe a nuna shi da yatsa.

Wannan ya kai ni ga abin da na ce wa yaron ya duba kafin ya taɓa muryar dattijon nan. Ɗora muryar gaske a kan zane ba Landreth ya fara ba. A 1989 Nick Park na kamfanin Aardman a Ingila ya yi Creature Comforts. An yi hira da talakawa a kan gidajen da suke zaune, wasu a gidan tsofaffi, sai aka sa muryoyin a bakin dabbobin gidan zu da aka ƙera da yumɓun roba. Wanda ya fi shahara a ciki wani ɗalibi ne ɗan Birazil da ke zaune a Ingila, aka mai da shi wata babbar dabba dangin damisa, tana kwance a keji tana ƙorafin sanyi da ƙuncin wuri da abinci marar daɗi, tana begen ƙasarta mai faɗi da rana. Duk baƙo a ƙasar wani zai ji wannan a ƙirjinsa. Fim ɗin shi ma ya ci Oscar. Abin lura, damisar ta rufa wa ɗalibin asiri. Mun ji kewarsa tsantsa, ba mu san fuskarsa ba, gobe zai shiga aji ba wanda zai ce ga shi nan.

Kuma ba sai mun je Ingila ba. McLaren ɗin nan da ya koyar da Larkin, akwai wani ɗan Nijar da ya je Kanada ya ƙaru da shi a wannan hukuma, Moustapha Alassane, wanda ake lissafawa cikin na farko-farkon masu fim ɗin zane a Afirka, ya kuma yi zama mai tsawo a Tawa kafin rasuwarsa a 2015. A 1966 ya yi Bon voyage Sim, labarin shugaban ƙasar kwaɗi da ya tafi ziyarar aiki, da duk faretin da bushe-bushen da ake yi wa shugabanni. Shekara shida ke nan da samun 'yancin kai, kowa ya san da su wa ake, amma kwaɗo ne, wa zai ce da shi ake? Yana da wani kuma mai suna Kokoa, kokawa ce irin tamu ta gargajiya amma kwaɗi da wasu dabbobi ke yinta. A shekarar ta 1966 ya yi wani da mutane na gaske, ba zane ba, a kan saurayin da ya dawo daga tafiya da kayan kaboyi ya raba wa abokansa, suka sa, suka canza sunaye, wasa ya zama gaske suka addabi gari. Wato tun kafin a haifi yawancinmu mutumin Nijar ya riga ya yi tambayar da Bingo ke yi, ya ma yi ta da juyi: can dole aka yi wa mutum ya sa rigar, nan da kansu suka sa ta, ta ƙi fita. Abin kunya ne a ce yaranmu masu koyon wannan aiki sun san Landreth ba su san Alassane ba. Nawa ɗin ma bai taɓa jin sunan ba.

Shawarar da na ba shi ba mai yawa ba ce. Na ce ya kai wa dattijon fim ɗin Ryan ya gani tukuna, ya fassara masa, don ya san irin abin da ake nufi in an ce za a zana shi. Izinin da mutum ya bayar bai san me zai fito ba, rabin izini ne.

Ya je. Ya ce tsohon ya kanga wayar dab da idonsa ya kalla har ƙarshe bai ce uffan ba. Da aka gama, tambayar farko da ya yi ita ce, shi wannan Baturen da aka cinye wa kai, an ba shi wani abu cikin kuɗin? Sannan ya ce, "Ɗana, ka yi aikinka, Allah Ya ba da sa'a. Amma kaina ka bar mini shi yadda yake, da hulata. Hannuna kuma ka zana shi daidai, yadda ake riƙe allura, kar ka yi irin na masu ɗinkin keke." Ya kuma kafa sharaɗi ɗaya: akwai wurin da yake ba da labarin ranar da ya kasa zura zare a allura a gaban mai riga, muryarsa ta karye. Ya ce wannan a cire.

Yaron ya dawo shago ransa a jagule. Ya ce, "Baffa, ai wurin nan shi ne fim ɗin. In na cire shi me ya rage?" Na ce ya rage awa biyu da wani abu na mutumin da ya san sunan kowane irin aiki da ake yi wa wuyan riga. Ya ce malaminsu ba wannan zai ba maki ba. Wataƙila gaskiyarsa ne. Saura mako biyar ya miƙa aikin, kuma jiya da na leƙa ɗakinsa hannu na tarar yana ta zanawa, takarda ta kai ashirin a ƙasa, yatsu uku da allura. Muryar kuwa har yanzu tana cikin wayar, bai goge wurin ba, bai kuma ɗora shi a kan komai ba.